Yadda Ɗan Fansho Zai Bi Haƙƙinsa

Jawabi ga ɗaliban azuzuwan yaƙi da jahilci na karkara



Jawabin wannan wata a kan fansho ne da garatuti, da irin wahalar da tsofaffin ma'aikatan gwamnati ke sha kafin kuɗinsu ya zo hannunsu. Wani zai ce ina ruwan manomi da wannan magana, tun da shi bai taɓa karɓar albashi ba. To, da ruwansa. Da wuya a sami ƙauyen da babu tsohon malamin firamare, ko malamin asibiti, ko malamin gona, ko masinjan hakimi, ko maigadin sakatariya. Waɗannan mutane idan sun bar aiki gida suke komowa. In an biya su, mai shago ya yi ciniki, 'yan ƙwadago su sami aiki a gonarsu, yara su tafi makaranta. In an riƙe musu kuɗi, gidan duka ne ke shiga matsi, har da maƙwabtan da ake zuwa rance wurinsu.

Da farko a bambanta abubuwan nan biyu. Garatuti shi ne kuɗin sallama. Sau ɗaya ake ba da shi a dunƙule, lokacin da ma'aikaci ya yi ritaya. Fansho kuwa wata-wata ake biya. Yawancin ma'aikatan gwamnati suna yin ritaya idan sun kai shekara 60 da haihuwa, ko sun cika shekara 35 suna aiki, duk wanda ya riga zuwa. A 2022 an sa hannu a kan dokar da ta ƙara wa malaman makaranta zuwa shekara 65 da haihuwa ko 40 ta aiki. Malami ya tambayi ofishinsa ya ji wace ƙa'ida jiharsa ke bi.

Abin da doka ta ce

Mutane da yawa suna ɗaukar fansho kamar alherin da gwamna ko shugaban ƙaramar hukuma ke yi in ya ga dama. Shi ya sa tsoho ke zuwa ofis yana ɗurƙuso, kamar mai roƙon sadaka. Wannan kuskure ne. Fansho ladan aikin da aka riga aka yi ne. Bashi ne ma'aikaci ke bin gwamnati.

Tsarin mulkin Nijeriya na 1999 ya yi magana a kai. Sashe na 173 na ma'aikatan tarayya ne, sashe na 210 kuma na ma'aikatan jihohi. Sassan biyu sun ce ba a riƙe wa ma'aikaci fansho ko garatutin da ya cancanta, ba a kuma canza shi ta yadda zai cutu, sai in wata doka ce ta yarda. Sun ce a sake duba kuɗin fansho duk shekara biyar, ko duk lokacin da aka sake duba albashin ma'aikata. Sun kuma ce ba a cire haraji daga kuɗin fansho. Yana da kyau ɗan fansho ya rubuta lambobin nan biyu, 173 da 210, a bangon littafinsa. Za su yi masa amfani ranar rubuta koke.

Musulmi ya san nauyin bashi. Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani tana cikin Suratul Baƙara, kuma a kan rubuta bashi da kafa shaidu take. Bashin fansho ma haka yake. Da takarda ake binsa. Mai takarda a hannu yana iya jira ya daɗe, amma yana da abin riƙewa. Wanda ba shi da ita ko an fara biya ana iya tsallake shi.

Tsohon tsari da sabo

A tsohon tsari, wanda dokar soja mai lamba 102 ta 1979 ta shimfiɗa, ba a cire wa ma'aikaci ko kwabo don fansho. Gwamnati ce ke ɗaukar nauyin komai daga kasafin kuɗinta na shekara. Bayan gyaran da aka yi a 1992, wanda ya yi shekara 5 yana aiki yana samun garatuti. Wanda ya yi shekara 10 yana samun garatuti da fansho. Mai shekara 10 fanshonsa naira 30 ce cikin kowace naira 100 ta albashinsa. Kowace shekara ana ƙara naira 2, har a kai naira 80 ga wanda ya cika shekara 35. Garatutin mai shekara 35 kuwa albashinsa ne na shekara uku.

Ga lissafi ga 'yan aji. A ɗauka albashin da ake lissafi da shi naira 100,000 ne a wata, kuma mutum ya cika shekara 35. Albashinsa na shekara naira 1,200,000 ke nan. Garatutinsa naira 3,600,000. Fanshonsa naira 80,000 kowane wata. Jihohi suna da nasu jadawalin, amma da yawa sun yi kama da wannan. Duk wanda ya iya wannan ɗan lissafi, ba za a miƙa masa rabin haƙƙinsa ya tafi yana godiya ba.

Tsarin ya yi kyau a takarda. Illarsa ita ce babu rumbun da ake tara kuɗin. Kamar mai gida ne da ya yi wa barorinsa alkawarin hatsi idan sun tsufa, amma bai taɓa ware ko dami ɗaya ba. Masu ritaya suka yi ta ƙaruwa, kuɗi bai ƙaru ba. Zuwa 2004 an ƙiyasta bashin fansho ya kai wajen naira tiriliyan 2, wato biliyan dubu biyu.

A wannan shekara ta 2004, zamanin Shugaba Olusegun Obasanjo, aka kawo sabon tsari na karo-karo. A 2014, zamanin Shugaba Goodluck Jonathan, aka sake dokar. Yanzu ana cire naira 8 cikin kowace naira 100 ta albashin ma'aikaci, wanda ya ɗauke shi aiki ya ƙara aƙalla naira 10. Mai albashin 100,000 ana cire masa 8,000, a ƙara masa 10,000, ya zama 18,000 kowane wata. Ana zuba kuɗin a asusu mai sunansa da lambarsa, a kamfanin fanshon da shi ya zaɓa. Hukumar Fansho ta Ƙasa, wadda ake kira PenCom, ita ke sa ido a kan kamfanonin. Idan ya yi ritaya ana ba shi wani kaso a dunƙule. Sauran kuma ko kamfanin ya dinga biyansa wata-wata, ko a miƙa wa kamfanin inshora ya biya shi har ƙarshen rayuwarsa.

Wace ƙofa za a buga

Nan ne mutane ke ɓata kuɗin mota. Tsoho ya sayar da akuya ya tafi babban birnin jiha, a ce masa ba nan ba ne. Kafin a tashi, a fara sanin wa ake bi bashi.

Wanda ya yi aikin tarayya kuma yana kan tsohon tsari, hukumar PTAD ce ke biyansa. An kafa ta a 2013, kuma tana kula da tsofaffin ma'aikatan ma'aikatu, da 'yan sanda, da kwastan, da jami'an shige da fice, da gandirobobi, da na hukumomin tarayya. Wanda ke kan sabon tsari, kamfanin fanshonsa zai fara zuwa. Sojoji suna da hukumar fanshonsu daban. Ma'aikacin jiha, da na ƙaramar hukuma, da malamin firamare, dokar jiharsu ce ke aiki a kansu, kuma jihohi ba hanya ɗaya suka bi ba. Kaduna ta koma tsarin asusun kowa da nasa a 2017. Jigawa da Kano kuwa ana cire wa ma'aikaci kuɗi, gwamnati ta ƙara nata, amma a babban asusu ɗaya ake tarawa, daga ciki ake biyan garatuti da fansho. Wasu jihohin suna da ofishin ma'aikatan jiha daban, na ƙananan hukumomi daban.

Akwai kuma waɗanda ƙirƙiro jihohi ya raba musu aiki. An cire Katsina daga Kaduna a 1987. An cire Jigawa daga Kano, Kebbi daga Sakkwato, Yobe daga Barno a 1991. An cire Zamfara daga Sakkwato, Gombe daga Bauchi a 1996. Wanda ya fara aiki a tsohuwar jiha ya ƙare a sabuwa, ya tabbata shekarunsa na farko suna cikin lissafi. Takardar ɗaukarsa aiki ta asali ita ce shaidarsa.

Me ke kawo jinkiri

Babban dalili shi ne hukumomi ba su sa ɗan fansho a gaba. Ma'aikaci yana iya yajin aiki, asibiti da makaranta su rufe, a kira shi a yi sulhu. Ɗan fansho ba shi da aikin da zai ajiye. Don haka idan kuɗi ya yi kaɗan, nasa ake fara ɗagewa. Sau da yawa ana sa mutum a jerin masu karɓar fansho na wata-wata, amma a bar garatutinsa ya yi ta jira shekara da shekaru. Gwamnatin da ta hau mulki a Kano a 2023 ta ce ta gaji bashin garatuti na fiye da naira biliyan 48, ta kuma fara biya da biliyan 6 a ƙarshen shekarar. A Zamfara, a 2024 aka shiga biyan garatutin da ya taru tun daga 2011. A ƙirga shekarun. Yaron da aka haifa ranar da babansa ya yi ritaya ya gama firamare kafin kuɗin ya fito.

Ba wai kullum rashin kuɗi ba ne. Jihohi da dama sun yi dokokin da ke ba tsofaffin gwamnoni manyan kuɗaɗe da motoci bayan shekara huɗu ko takwas a kan mulki. Majalisar dokokin Zamfara ta soke tata a 2019. Wanda ya share shekara 35 yana koyar da yara a ajin da rufinsa ke yoyo, ba laifi ba ne in ya tambayi me ya sa shi ne na ƙarshe a layi.

Jinkiri kuma hasara ce, ko da an biya daga baya. Kuɗin da zai sayi shanun huɗa biyu da garma da amalanke ranar da mutum ya bar aiki, bayan shekara shida ba lalle ya sayi shanun kaɗai ba. Kowa ya ga yadda kaya suka tashi bayan cire tallafin man fetur a 2023. Idan aka zo biya, adadin da aka rubuta tun farko ake bayarwa. Kafin nan tsohon ya ci bashi, ya jinginar da gona, wani ma ya sayar da ita. Shi ya sa kuɗin wasu kan ƙare a hannun masu bin su bashi cikin mako guda.

Dalili na biyu shi ne a cire kuɗi daga albashi amma a ƙi zuba shi inda ya dace. Dokar 2014 ta ce a zuba kuɗin a asusun ma'aikaci cikin kwana bakwai na aiki bayan biyan albashi, ta kuma sa tara ga wanda ya saɓa. Ma'aikacin da ke kan wannan tsari kada ya jira sai ranar ritaya. Ya dinga neman bayanin asusunsa daga kamfanin, ya duba wata-wata. In ya ga watan da babu komai, ya rubuta shi, ya kai ƙara tun yana bakin aiki.

Ma'aikatan tarayya da suka fara aiki kafin 2004 suna da wani haƙƙi na shekarun da suka yi a tsohon tsari. Sai gwamnati ta zuba wannan kuɗi a asusunsu kafin a kammala lissafi. An yi shekaru ana samun masu jiran shekara guda ko fiye saboda wannan. A 2025 gwamnatin tarayya ta amince a ciwo bashin naira biliyan 758 don biyan basussukan fansho da suka taru.

Dalili na uku sata ce. A 2013 wata kotu a Abuja ta sami wani babban jami'in ofishin fanshon 'yan sanda, John Yakubu Yusuf, da laifin cin kuɗin fansho. Ta ba shi zaɓin tarar naira 750,000, ya biya ya tafi gida. Jama'a suka yi ca. A 2018 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ɗaure shi shekara shida, ta ce ya maido da naira biliyan 22.9. A 2021 kuma aka ɗaure Abdulrasheed Maina shekara takwas, shi da aka naɗa shugaban kwamitin gyara harkar fansho. Hanyar satar da aka fi sani ita ce cusa sunayen bogi, da ci gaba da karɓar kuɗin waɗanda suka rasu.

Waɗannan dalilai uku sun fi ƙarfin mutum ɗaya. Amma akwai na huɗu, wanda ke hannun ma'aikaci da iyalinsa, shi ne takardu.

Jakar takardu

Fayil yana ɓata a ofis. Gara na ci, ruwa na jiƙawa, gobara na tashi, wani lokaci kuma da gangan ake ɓoye shi don a sami na goro. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Ma'aikacin da ke da kwafin komai a gida ya toshe tsagar.

Abin da za a adana ya fara daga takardar ɗaukar aiki ta farko, da takardar tabbatar da shi a aiki. Sai takardun ƙarin girma dukkansu, musamman ta ƙarshe, domin da matakin ƙarshe ake lissafi. Sai takardun canjin wurin aiki, da takardar shaidar haihuwa ko ta rantsuwar shekaru, da takardun albashi na watannin ƙarshe. Idan ya yi ritaya, a haɗa da takardar amincewa da ritayar, da takardar da aka yi lissafin haƙƙinsa a kai. A yi hoton kowace sau biyu. A sa na asali a leda, a sa a akwatin ƙarfe, nesa da ƙasa da bango. Kwafi ɗaya a ajiye a gidan wani amintaccen ɗan'uwa. In an je ofis a nuna ta asali, a bar musu kwafi. Ba a barin ta asali a hannun kowa.

Sai maganar suna. Wannan ta tsayar da kuɗin mutane da yawa. A gida ana kiran mutum Garba, a makaranta aka rubuta Abubakar, a banki ya ce Habu. Wata Indo ce a takardar aiki, Aishatu a katin ɗan ƙasa. Wani a wata takarda sunan mahaifinsa ya biyo nasa, a wata kuma sunan garinsu. A ƙauye kowa ya san mutum ɗaya ne. Kwamfuta ba ta san haka ba. In sunan da ke fayil ya saɓa da na banki ko na lambar ɗan ƙasa ta NIN, kuɗin na iya tsayawa. A zauna da takardun a karanta su harafi-harafi. Wannan aiki ne da ɗan ajin yaƙi da jahilci zai iya yi wa kansa, ko wa mijinta, ko wa mahaifinsa. In an ga bambanci a je a gyara tun da sauran shekaru, ko da sai an yi rantsuwa a kotu. Gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba.

Ranar haihuwa ma haka. Yawancin mutanen karkara na da ba a rubuta ranar haihuwarsu ba, ƙiyasi aka yi. Abin da ke jawo rigima shi ne a sami ranaku biyu a fayil ɗaya, ko mutum ya rage shekaru don ya daɗe a aiki. Masu binciken kuɗi sukan koma kan ranar da aka rubuta tun farkon ɗaukar aiki. In suka gano mutum ya wuce lokacin ritayarsa, sukan cire duk albashin da ya ci bayan ranar daga garatutinsa. Wanda ya zarce da shekara biyu yana murna, albashin wata 24 za a zare masa. Ya fi kyau mutum ya ƙirga ranarsa da kansa, ya ba da sanarwar ritaya a rubuce aƙalla wata uku kafin ta zo. Wasu ofisoshin sun fi son a ba da ita tun kafin haka.

Haka kuma kada a sa hannu ko a dangwala yatsa a kan takardar da ba a karanta ba, balle wadda ba a cike ba. In da Turanci take, a nemi wanda aka yarda da shi ya fassara. A dubi adadin kuɗin da kyau, a ƙirga sifirai. Tsakanin 360,000 da 3,600,000 sifiri ɗaya ne kawai.

Tantancewa da 'yan damfara

Lokaci-lokaci hukuma kan kira 'yan fansho don ta tabbatar suna raye. Dalilinta shi ne kawar da sunayen bogi. Amma yadda ake yi ya sha wahalar da tsofaffi. An sha ba da labarin waɗanda suka faɗi a layi, har da waɗanda suka rasu suna jira. Duk da haka kada a ƙi zuwa, domin wanda bai je ba ana iya cire sunansa, kuma maido da suna ya fi cire shi wuya. In tsoho yana kwance, iyalinsa su kai rahoto a rubuce tare da takardar asibiti, su nemi a zo a gan shi. Hukumar PTAD ta ɓullo da hanyar da ɗan fanshonta ke tabbatar da yana raye ta wayar salula mai ɗaukar hoto, ba tare da tafiya ba. Jikoki masu waya su taimaka.

Masu damfara sun san tsoho na jiran kuɗi. Sukan buga waya su ce daga Abuja suke, kuɗinsa ya fito, amma sai ya aiko da na sarrafa takardu. Wasu sukan nemi lambar sirri ta katin banki. Hukumomin fansho ba su karɓar kuɗi kafin su biya mutum haƙƙinsa. Duk wanda ya nemi haka ta waya ɓarawo ne. Akwai kuma 'yan tsakiya masu cewa za su fito da garatuti in za a ba su kaso. Wanda ya yarda ya rage haƙƙinsa da hannunsa, ya kuma tura wani tsohon baya a layi.

Idan an yi jinkiri ko an rage kuɗi

Mataki na farko koke ne a rubuce. Zuwa da kai ya fi aike, amma maganar baki ba ta shiga fayil. Takardar ba sai ta yi tsawo ba. A rubuta suna, da lambar fayil ko ta fansho, da wurin aiki na ƙarshe, da matakin albashi, da ranar ritaya. A faɗi abin da ake bi, da watannin da ba a biya ba. A sa kwanan wata da lambar waya. A yi kwafi biyu. A ba da ɗaya, a sa mai karɓa ya buga hatimi da kwanan wata a kan ɗayar, a komo da ita gida. A sami ƙaramin littafi a dinga rubuta ranar da aka je, da ofishin da aka shiga, da amsar da aka samu.

Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Ƙungiyar 'Yan Fansho ta Ƙasa tana da rassa a jihohi da ƙananan hukumomi. A wurinta ake fara jin ranar tantancewa da jerin waɗanda za a biya. 'Yan fanshon gunduma ɗaya suna iya haɗa kuɗin mota su tura mutum biyu masu karatu da takardun kowa, maimakon kowa ya tafi shi kaɗai. Ƙungiya kuma ita ke iya matsa wa gwamnati ta bi layi, wanda ya riga ritaya ya riga karɓa, a kuma manna jerin sunaye a bango kowa ya gani.

In ofis ya yi shiru, akwai Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975. Tana da ofis a kowace jiha, kuma kyauta take karɓar koke. Mai rigima da kamfanin fansho yana iya kai ƙara wurin PenCom. Daga ƙarshe akwai Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. Gyaran tsarin mulki na 2010 ya ba ta ikon sauraron shari'ar fansho da garatuti. Shari'a tana cin kuɗi da lokaci, shi ya sa ta fi sauƙi in mutane da yawa masu matsala iri ɗaya suka haɗu suka ɗauki lauya guda. Shi ma alƙali, takardun nan zai fara tambaya.

Idan mai haƙƙi ya rasu

Wannan ɓangare ya fi shafar mata. Mutuwa ba ta kashe bashin. Garatutin da ba a biya ba, da fanshon watannin da aka riƙe kafin rasuwa, duk na magada ne. A dokar 1979, in ɗan fansho ya rasu kafin ya cika shekara biyar da ritaya, ana ci gaba da biyan iyalinsa har shekara biyar ɗin ta cika. A sabon tsari, abin da ya rage a asusun mamaci na magadansa ne. In kuma yana bakin aiki ya rasu, dokar 2014 ta wajabta wa mai ɗaukar aiki ya yi masa inshorar rai wadda ba ta gaza albashin shekara uku ba. Iyalai da yawa ba su san da wannan ba, don haka ba su tambaya.

Maigida ya daina ɓoye wa iyalinsa harkar aikinsa. Matarsa da babban ɗansa ko 'yarsa su san inda akwatin takardu yake, da sunan kamfanin fanshonsa, da lambarsa. Ya kuma duba sunan da ya rubuta a fayil a matsayin wanda za a tuntuɓa bayan ransa. Wani tun yana saurayi ya rubuta sunan wansa, yau ga mata biyu da 'ya'ya goma, bai canza ba. Wanda aka rubuta sunansa wakili ne kawai. Kuɗin gado ne, kuma ga Musulmi ana raba shi yadda shari'a ta tsara, matan mamaci da 'ya'yansa mata duk da rabonsu.

Idan an yi rasuwa, bayan an share makoki, a nemi takardar shaidar mutuwa daga asibiti ko ofishin Hukumar Ƙidaya. A sanar da ofishin fansho a rubuce. Kada a ci gaba da cire kuɗi da katin mamaci a ɓoye, domin in an gano za a bi magada bashinsa. Daga nan sai a je kotu a karɓo takardar da ke nuna su wane ne magada da wanda zai wakilce su. Mace mai takaba ba sai ta yi ta zirga-zirga ba, amma ta riƙe kwafin kowace takarda da aka kai ofis, ta kuma nemi a nuna mata takardar banki ranar da kuɗin ya shigo.